Pubara: ƙauyen Gabon da gadarsa ta igiyar kurmi

Pubara, wanda ake rubutawa Poubara da Faransanci, ƙaramin ƙauye ne a lardin Haut-Ogooué da ke kudu maso gabashin Gabon, kimanin kilomita 20 kudu da birnin Franceville. Yana bakin kogin Ogowe (Ogooué), kusa da inda ruwan kogin ke tsirgowa daga kan duwatsu. Da abubuwa uku aka san shi: matsirgar ruwan, madatsun da ke ba yankin wutar lantarki, da wata tsohuwar gada mai tsawon mita 52 da aka saƙa da igiyar kurmi, wadda mutanen ƙasar ke kira pont de lianes. Gadar ce ta fi fitar da sunan ƙauyen, har hotonta ya zama ɗaya daga cikin waɗanda aka fi gani a tallan yawon buɗe ido na Gabon. Mutum kaɗai take ɗauka, shi da abin da ya goyo. Doki ko jaki ba sa hawanta, kuma dalilin haka yana bayyana yadda aka yi fatauci a wannan yanki kafin zuwan mota da jirgin ƙasa.

Kogin

Ogowe shi ne babban kogin Gabon, tsawonsa kimanin kilomita 1,200. Yana tasowa daga Kwango Brazzaville, ya shigo Gabon ta kudu maso gabas, ya ratsa ƙasar ta Lastoursville da Booué da Ndjolé da Lambaréné, sannan ya faɗa tekun Atlantika a yankin Port-Gentil. Daga Ndjolé zuwa teku manyan jiragen ruwa na iya bin sa. Daga nan zuwa sama kuwa duwatsu ne da gangara, sai kwalekwale, shi ma sai a hannun gwani. Franceville kanta a bakin Mpassa take, wani reshe da ke zuba cikin Ogowe.

Wanda ya tashi a Maraɗi ko Katsina ya san gulbi da yanayi biyu: ya cika ya batse da damina, da rani kuma a taka rairayinsa a wuce. Ogowe bai san wannan ba. Ruwan sama na sauka a yankin daga Oktoba zuwa Disamba, ya ɗan tsagaita, ya dawo daga Fabrairu zuwa Mayu. Ko a babban rani, tsakanin Yuni da Satumba, kogin raguwa kawai yake yi. A Pubara ga shi da saurin gudu saboda gangara. Mai gona ko dangi a ƙetare ba shi da watan da zai jira ruwa ya ƙafe.

Yadda gadar take

Igiyar kurmi, wato liane, tsiro ne mai yaɗo da ke naɗe manyan itatuwa yana hawa neman rana. Wata kaurinta bai fi ɗan yatsa ba, wata ta kai damtse, kuma tsawonta kan kai gomman mitoci. Cikin dangoginta har da kwagiri, wanda Bahaushe ya sani a sanda da kujerun saƙa. Tana da ƙarfin ja, tana lanƙwasuwa ba tare da ta karye ba muddin ɗanya ce.

Tsarin irin wannan gada ɗaya ne kusan ko'ina a kurmin Afirka. Ana haɗa igiyoyi da yawa a murɗe su su zama dami guda, shi ne matakin ƙafa. A sama da shi, dama da hagu, ana miƙa wasu igiyoyin da za a riƙa dafawa, sai a saƙa tsakaninsu da matakin kamar raga, yadda gadar za ta yi siffar kwami, ƙasa a tsuke, sama a buɗe. Ana ɗaure bakinta biyu a jikin itatuwa da turaku a gaɓar kogi. Ba ta da ginshiƙi a cikin ruwa, saboda haka tsakiyarta na yin ciki, kuma tana lilo da kowane taku. Ana tafiya ne ƙafa gaban ƙafa, hannu biyu a kan igiya, ga ruwa na ruri ana hango shi ta ramukan saƙar.

Bisa labarin da mutanen wurin ke bayarwa, wani mutum mai suna Moussikoué Mvouzangoye ne ya fara saƙa gadar a shekarar 1915, saboda yawan rayukan da kogin ke ci idan kwalekwale ya kife. Zuriyarsa ce ke kula da ita har yau, kuma baƙon da ya zo hawa yana biyan kuɗi, wanda ake yi wa gadar hidima da shi. Bahaushe zai gane wannan tsari nan take, don kuɗin fito ne, sai dai a nan ba jirgi ake biya ba.

Gada da irin kayan da ke bi ta kanta

Faɗin tsohuwar gada da tsayin bangonta suna nuna abin da aka gina ta domin ya wuce. Misalin da ya fi fitowa fili yana arewacin Ingila, inda har yau ake da ƙananan gadojin dutse masu yawa da aka yi wa dawakan dako, akasarinsu tsakanin 1650 da 1800. Kafin a yi hanyoyin keken doki da magudanan jiragen ruwa, a bayan dawaki ake kai ulu da tufafi da gishiri da gawayin ƙasa daga kwari zuwa kwari, a jere, na gaba da ƙararrawa a wuya. Faɗin gadojin bai cika kai mita 2 ba, daidai wucewar doki ɗaya. Bangon gefensu gajere ne ƙwarai, wasu ma babu shi sam, don kada mangalar da ke rataye a haƙarƙarin dokin ta bugi dutse.

Ƙauyen Wycoller a yankin Lancashire, kusa da garin Colne, ya yi suna da su. A kan ɗan rafin da ya ratsa shi akwai gadar dawakan dako mai baka biyu, wadda masana suka saɓa kan shekarunta, wasu na cewa ƙarni na 13, wasu na 15. Akwai wata ta faffaɗan duwatsu da aka shimfiɗa a kan turaku, da wata ta falalen dutse guda ɗaya tak, wadda ambaliya ta kayar a 1989 da 1990 aka gyara aka mayar. Ƙauyen na masaƙa ne, kuma ya kusa zama kufai bayan da masana'antun saƙa suka janye mutanensa zuwa birane. Rashin mutane da rashin mota su suka bar gadojin yadda suke.

A ƙasar Hausa dabbar dako ta fi yawa, gada ce ta yi ƙaranci. Ayarin fatake da ke zuwa Gwanja sayen goro yana tafiya da jakuna da alfadarai da takarkarai, da akumari da mangala da taiki, ƙarƙashin madugu da jagaba. Tafiyar Kano zuwa Salaga watanni take ci, kuma da rani ake yin ta, lokacin da yawancin gulabe sun zama rairayi ko sun koma mashigi. Inda ruwa ba ya ƙafewa, kamar Kwara, sai fito: a sauke kaya, a yi ciniki da masu jirgi, a biya sarkin wurin, a ƙetare da kaya da dabbobi, abin da kan ci wa babban ayari kwanaki. Harshen yana da kalmar kadarko, ƴar gadar itace da ake ɗorawa a kan rafi ko kwazazzabo, amma manyan gadoji sai zamanin Turawa. Gadar jirgin ƙasa ta Jebba wajen 1916 aka kammala ta, ta Gaya da Malanville a 1958, gadar Kennedy ta Yamai kuwa sai 1970.

Pubara ta kawo hali na uku. Ga kogin da ba ya ƙafewa, ga shi kuma babu dabbar dako ko ɗaya. Kurmi ya rufe fiye da kashi 85 cikin 100 na ƙasar Gabon, kuma kurmi gidan ƙudan tsando ne, mai sa wa mutum ciwon barci, dabba kuma sammore. Doki da jaki ba sa daɗewa a nan. Ko da sun rayu, ƴar siririyar hanyar kurmi mai saiwoyi da taɓo da kututturan da suka faɗi ba ta jaki mai mangala ba ce. Don haka duk abin da ya motsa a tudu, a jikin mutum ya motsa, kuma gadar da aka saƙa an auna ta ne da mutum. Akwai ma wani abin lura. A wannan yanki an fi goya kaya a baya cikin kwando mai maɗauri, abin da ke barin hannu biyu a sake don kama igiya. Mai gammo da kaya a ka, wanda hannunsa ɗaya ke tallafe da kayan, zai fi jin jiki a kan gada mai lilo.

Zamanin dako

Sunan Pubara ya shiga littattafan Turawa tun kafin a yi gadar. Pierre Savorgnan de Brazza, jami'in sojan ruwan Faransa ɗan asalin Italiya, ya bi Ogowe daga 1875 zuwa 1878 da fatan kogin zai kai shi tsakiyar Afirka. Matuƙa kwalekwale na kabilun Okande da Aduma ne suka haura da shi gangara bayan gangara. A 1877 ya iso matsirgar Pubara, a nan ya tabbatar cewa Ogowe ba hanyar da yake nema ba ce. Ya bar jiragen, ya nemi masu dako, ya ratsa tuddan rairayi na ƙasar Bateke zuwa kogin Alima. Da ya dawo a 1880 ya kafa sansani a Masuku, shi ne ya zama Franceville.

Abin da ya biyo baya bai yi wa mutanen yankin daɗi ba. A 1893 Faransa ta ba da izinin mallakar wani yanki na kusan hekta miliyan 11, wanda kamfanin Société du Haut-Ogooué ya riƙe, ya kuma mamaye cinikin roba da hauren giwa. Kowane ƙunshin roba da ya isa bakin jirgi, wani ne ya ɗauko shi kwana da kwanaki, kayan mutum ɗaya kilo 25 zuwa 30. Ga haraji, ga aikin tilas, ga kai abinci sansanonin gwamnati. Boren kabilar Awandji a yankin Lastoursville tsakanin 1928 da 1929, ƙarƙashin jagorancin Wongo, daga irin wannan matsi ya taso. Sai a 1946 dokar da ke ɗauke da sunan Houphouët-Boigny ta haramta aikin tilas a ƙasashen da Faransa ke mulka. A cikin wannan zamani aka saƙa gadar Pubara, kuma ya kamata a lura cewa ba gwamnati ko kamfani labarin ya jingina wa aikin ba, ɗan ƙauye ne.

Hausawan Gabon suna da nasu kaso a tarihin dako, ko da yake ta arewa suka shigo, nesa da Pubara. Daga ƙarshen ƙarni na 19 fatake suka riƙa gangarowa daga Adamawa zuwa kurmin kudancin Kamaru suna neman hauren giwa, roba da goro, suna kawo tufafi da duwatsun ado da kayan fata. Jaki a bakin kurmi yake tsayawa. Daga nan sai ƴan alaro, ko falke ya ɗauki kayansa da kansa. Haka suka kai lardin Woleu-Ntem, wanda yarjejeniyar 1911 ta sa shi ƙarƙashin Kamarun Jamus na ƴan shekaru kafin Yaƙin Duniya na Ɗaya ya mayar da shi hannun Faransa. Zuriyarsu na nan a Bitam da Minvoul da Oyem, inda unguwar Akoakam ta yi suna da su, da kuma Libreville. Kakannin waɗannan iyalai sun ƙetare koguna irin Sanaga da Ntem ba tare da dabba ko ɗaya ba, da abin da mutanen wurin suka tanada, jirgi ne ko kututture ko igiya.

Tsohuwa ce, amma igiyarta sabuwa

Ana cewa gadar Pubara ta haura shekara 100, kuma gaskiya ne, sai dai babu igiya ko ɗaya a jikinta da ta ga 1915. Igiyar kurmi tana bushewa ta yi gautsi da rana, ta ruɓe da ruwa, ƙwari su ci ta. A yanayi mai laima irin na Haut-Ogooué rayuwarta gajeruwa ce. Dole a riƙa canza ta akai-akai, galibi shekara-shekara, a shiga kurmi a zaɓo wadda ta ƙosa, a yanko, a jawo ta bakin kogi, a saƙa. Abin da ya shekara 100 shi ne wurin, da tsarin saƙar, da sanin da ke hannun iyalin: wace igiya ce ta mataki, wace ce ta ɗauri, wane ƙulli ne ke ƙara tsukewa idan nauyi ya hau.

Nan ne bambancinta da gadar dutse ya fi girma. Wycoller ta yi shekaru kusan babu kowa, gadojinta suka jira. Gadar igiya ba ta jira. An ga haka a Peru, inda gadar Q'eswachaka, wadda ake tufkawa da ciyawa a kan kogin Apurimac, take samun sabuntawa kowane watan Yuni daga hannun al'ummomi huɗu na yankin. Hukumar UNESCO ta sanya wannan al'ada cikin jerin gadon ɗan Adam a 2013. A 2020 annobar korona ta hana taron, a watan Maris na 2021 gadar ta tsinke ta faɗa kogi. Shekara ɗaya kawai aka tsallake. Mutanen suka sake tufka ta a watan Yunin wannan shekara, don masu sanin aikin suna raye.

A Japan an bi wata hanya. Gadar Kazurabashi ta kwarin Iya, a tsibirin Shikoku, mai tsawon mita 45, ana sabunta igiyoyinta duk shekara 3, amma an ɓoye wayoyin ƙarfe a cikinsu saboda yawan maziyarta. Ta fi aminci, babu musu, sai dai nauyin ya koma kan ƙarfen, igiyar ta zama sutura. A yammacin Kodibuwa kuma, a ƙauyuka irin Lieupleu da ke bakin kogin Cavally, kabilar Dan sun kewaye aikin da sirri: da dare ake saƙa gadar, waɗanda aka shigar cikin al'adar ne kaɗai ke halarta. Kowa da dabarar da ya bi don kada aikin ya yanke.

Gadar Pubara tana rataye ne a kan abu biyu da za su iya ƙarewa: kurmi mai manyan itatuwa a kusa, inda igiya mai tsawo take, da matasan da za su yarda su koyi aikin maimakon su nufi Franceville ko Moanda ko Libreville. Kuɗin baƙi na taimakawa, amma baƙin da ke isa kudu maso gabashin Gabon ba su da yawa.

Madatsa da layin dogo

Gangarar da ta tsayar da Brazza ita ce ta jawo injiniyoyi. An buɗe tashar lantarki ta Poubara I a 1975, Poubara II ta biyo a 1983. Daga 2008 kamfanin Sinohydro na ƙasar Sin ya gina babbar madatsa ta Grand Poubara da rancen bankin Exim na Sin, aka kammala ta a 2013 da ƙarfin megawat 160. Babban mai cin wutar shi ne harkar manganis ta Moanda, inda kamfanin Comilog ke haƙa tun 1962 kuma aka buɗe masana'antar sarrafa shi a 2015. Wani ɓangare na ruwan kogin yanzu ta cikin injinan lantarki yake bi.

Labarin yadda manganis ɗin ya riƙa fita ya dace da sauran tarihin lardin. Da aka fara haƙarsa babu hanyar kai shi gaɓar tekun Gabon, sai aka miƙa waya a sama mai tsawon kilomita 76 daga Moanda zuwa Mbinda a Kwango, bokitai na rataye suna bin ta a kan kurmi, daga can jirgin ƙasa ya kai shi Pointe-Noire. Haka aka yi har 1991. Layin dogon Transgabonais, wanda aka fara a shekarun 1970, ya isa Franceville a ƙarshen 1986. Wato kaya a Haut-Ogooué sun tashi daga bayan mutum zuwa waya, daga waya zuwa jirgi, ba su taɓa biyawa ta bayan dabba ba.

Zuwa wurin

Mazaunin Libreville, ko a Batterie IV yake ko a Lalala, tashar jirgin ƙasa ta Owendo zai nufa, kudu da birnin. Daga nan zuwa Franceville kimanin kilomita 650 ne a jirgin kamfanin Setrag, tafiyar da kan ci awa 12 ko fiye. Mai gaggawa yana iya hawa jirgin sama ya sauka a filin Mvengué. Daga Franceville sai a ɗauki shatar mota zuwa Pubara, a je a dawo a yini guda. Babban rani, Yuni zuwa Satumba, ya fi sauƙin tafiya, hanya a bushe, igiya ba ta santsi. Wanda yake son ganin matsirgar da cikakken ƙarfinta kuwa sai ya zo da damina, kuma daga gadar zuwa bakinta ƴar tafiya ce a ƙafa ta cikin kurmi.